Zabirar Kawu Tambari

Gwandu, bayan Babbar Sallah, 1959

Zuwa ga Kawu Tambari, a Kalgo.

Gaisuwa mai yawa cikin ladabi, da fatan takardar nan ta same ka lafiya. Mu nan kowa ƙalau. Baba lafiya, Inna ma lafiya, sai gwiwar nan tata da ke tashi duk ranar da hadari ya haɗu.

Kawu, ba ka san ni ba. Ni ce Tasalla, autar Rahmatu matar Malam Khalilu. Inna ta ce uwarta da taka 'ya'yan wa da ƙani ne, kuma wai ka taɓa ɗaukata ina jinjira na jiƙa maka riga. Ka yafe mini wannan, ka yafe mini ƙarfin halin rubuto maka. Da a gabanka nake, ko sannu ba za ta fito ba, don ni baƙo na yin sallama a zaure nake zagayawa bayan rumbu. A takarda kaɗai bakina ke buɗewa.

Sambo mai jakai, wanda ke kai gishiri Kalgo, shi ya gaya wa Inna ka dawo daga Kaduna, kuma ashe duk shekarun nan da ba a jin ɗuriyarka a cikin majigi kake. Ina tankaɗe na ji, sai da rariyar ta kuɓuce mini. Sau ɗaya na taɓa ganin majigi, ina makarantar 'yan mata a Birnin Kebbi, aka nuna mana jirgin ruwa da wasu mutane suna cirar auduga. Ban taɓa zaton mutanen da ke yawo a jikin farin ƙyallen nan suna da dangi ba, balle a wayi gari ni ce dangin.

Tun da na gama makaranta ba ni da abin yi sai daka da wanke-wanke, sai littattafan da Yaya Basharu ke kawo mini in ya zo hutu daga wurin aikinsa a Birnin Kebbi. Na fi son irin waɗanda ɗan sarki ke ɓad da kama ya shiga gari cikin tsumma, kowa na yi masa dariya, sai yarinya guda ta dube shi ta gane. Kullum ina ji a raina da ni ce da na gane. Yanzu in ina karatu kai nake sawa a wurinsa, ko da yake ban san fuskarka ba. Na ba ka tsawo da farar riga da murya mai sanyi. Ka gaya mini in na dace. Wa kake zama a ciki? Yarinyar da ake ba ka a ƙarshe, da gaske ake ɗaura auren ko shi ma wasa ne?

Sauran labari: Asma'u matar Yaya tana da ciki, ana sa ran haihuwa da kaka. Tsohon wanzamin unguwarmu kuma ya rasu cikin azumi. Inna ta ce in sa maka wannan, tun da gidanku gidan wanzamai ne za ka so ka ji.

In ka ga dama ka ba Sambo amsa. In ba ka ga dama ba ba komai, na saba zance ni kaɗai.

Ɗiyarka,
Tasalla


Kalgo, Yuli 1959

Zuwa ga ɗiyata Tasalla.

Bayan gaisuwa, takardarki ta same ni lafiya, sai ɗan tari da ruwan bana ya bar mini. Ki gai da Malam da kyau. Ki ce wa innarki ta riƙa gasa gwiwar da tsumma mai ɗumi, in Allah ya kawo ni in yi mata ƙaho. Rubutun nan nawa ne, a ajin yaƙi da jahilci na koya da gemuna, in kin ga ya karkace kada ki kai ƙarata wurin malamanku.

Maganar tsawo, ki rage mini kamu guda, ki ƙara a kunnuwa. Murya kuwa ba a jin ta. A majigi mu motsi kawai muke yi, wani ne mai lasifika ke tsayawa gefen mota yana faɗin abin da muka ce, har da wanda ba mu ce ba.

Ga yadda na shiga. Cin rani na tafi Kaduna da zabirar babana, wato jakar fatar nan da muke sa asake a ciki, ina aski gindin wata ɗorawa kusa da tashar jirgi. Wata rana wani Bature da tafintansa suka tsaya suna kallona har na tsargu, na kusa yanke wa mutum kunne. Tafinta ya ce Bature ya ce bai taɓa ganin fuska irin tawa ba, ko daga can bayan taro za a gane ta. Na ɗauka yabo ne, na bi su. Shekaru na yi tare da su. Na yi manomi, na yi ɗan kasuwa, na yi maigida mai iyali, na yi wanzami. Samari kyawawa da yawa sun zo sun wuce, a yi wasa ɗaya ko biyu da su a sallame su, ni kuwa ba a taɓa kafa na'ura ba tare da an aika kirana ba. Kuma aiki ne, ɗiyata, ba shaƙatawa ba. Faɗuwa kaɗai sai da na daɗe ina koyo, yadda mutum zai faɗi na baya su gani, shi kuma bai karya ƙugu ba. In an tashi daga kallo ba wanda ake tafiya da shi gida a baki sai ni. Aure kuwa ba a taɓa ba ni ba, ko na wasan.

Amma kada ki sa ranki ga ganin wasana. Ba abin kallon 'yan gidan Malam ba ne. Ki bar ni yadda kika ɗinka ni, ya fi mana duka.

Yanzu ga roƙona. Na dawo Kalgo bara da niyyar komawa sana'ar gidanmu, amma garin bai karɓe ni ba, dalilin kuwa dogo ne. Tun da na karanta rasuwar wanzaminku, Allah ya jiƙansa, na kasa cire abin a raina. Kin san yadda ake yi: wanda aka miƙa wa jikan Malam ya yi masa askin suna, shi ne wanzamin unguwar, ba sai an yi shela ba. In Malam ya yarda ya ba ni kan jaririn Asma'u, to na samu inda zan tsufa. Ba zan iya tunkararsa kai tsaye ba, in ya ce a'a zumunci ya yi tsami. Ki bi ta wajen innarki. Ki tuna mata askar da ke cikin zabirar nan ita ta aske ta ranar sunanta.

Kawunki,
Tambari Wanzam


Gwandu, Satumba 1959

Zuwa ga Kawu Tambari.

Ina gaishe ka, ya tarin? Inna ta ce ka sha zuma da citta. Ka yi haƙuri da jinkiri, ruwa ya cinye hanya, Sambo bai leƙo mu ba sai yanzu.

Albishirinka, Baba ya yarda. Na gaya wa Inna muna ɓarar gyaɗa, da na kawo maganar askar da ta aske ta sai ta kama shafa kanta. Ita ta kai wa Baba tare da tuwo. Ya ce in dai hannun mutum na da tsabta, na gida ya fi cancanta. Har ya ce ɗakin da ke kusa da zaure, inda ake ajiye sirdi, a share maka shi ka zauna kafin ka kafu.

Mutum ɗaya ce ta taɓe baki, Gwaggo Hauwa'u, yayar Baba da ke zaune wurinmu, ita ce kuma za ta yi wa Asma'u wankan jego. Ta ce mutumin da ya sayar wa Nasara fuskarsa ba ta san me ya rage masa ba. Raina ya ɓaci, sai na shiga ɗaki na yi kuka. Ƙawata Larai ma da sauran 'yan matan bakin rijiya, da na gaya musu kawuna ne wanda kowa ke tafiya da shi gida a baki, dariya suka yi mini, wai littafi ya taɓa mini kai.

Na karanta inda ka ce kada in sa raina ga ganin wasanka har takardar ta fara yagewa a ninki. Na gane, Kawu. Haka suke cewa duka. Ɗan sarkin bai taɓa buɗe baki ya ce ni ne ba, sai wani ya yaye masa tsumman. To ni zan yaye.

Ga abin da na yi, kada ka yi fushi. Yaya Basharu ya san Garba, mai lasifikar motar majigin da ke zagaya ƙasarmu. Na kasa yi masa magana da baki, sai na rubuta na sa masa cikin hula. Ya yi mini tsiya har ya gaji, amma ya kai saƙon. Ya ce da ma motar za ta zo Gwandu in ruwa ya ɗauke, don a nuna wa mutane yadda ake jefa ƙuri'a. Da Garba ya ji sunanka, wai dariya ya yi har da hawaye, ya ce zai zo da wasan wanzamin, shi ne ya fi duka, kuma zai daidaita zuwansa da makon suna don mai wasan ya kasance a wurin. Ka ga yadda abokan aikinka ke son ka.

Ina ta tunanin fuskar Gwaggo in ta gan ka jikin farin ƙyalle da askarka, gari duka na kallo, washegari kuma ga ka a zaurenmu. Na ma zaɓi zanen da zan ɗaura.

Ɗiyarka,
Tasalla


Kalgo, farkon Oktoba 1959

Tasalla,

Lafiyata lau, ina fatan taku haka. Ki karanta wannan ke kaɗai, sannan ki tashi ki nemi Basharu ko ta hannun wa.

Laifina ne da na yi miki kwana-kwana, yanzu ga ta a miƙe. Kowane wasa da muke yi mutum biyu ne a ciki: mai hankali da wawa. Ana nuna wa jama'a mai hankali don su yi koyi, a nuna musu wawa don su guje shi. Ni ne na biyun, kullum. Manomin da na yi shi ne wanda ke zuba wa auduga ruwa don ta yi nauyi. Maigidan shi ne wanda ya ƙi gina masai. Don wannan Bature ya so fuskata.

Na wanzamin kuwa ga yadda yake. Ina tsugune gefen juji, ina goge aska a wando. An shafa mini zuma a hannu da leɓe don ƙudaje su sauka, suka kuwa sauka har a ido. Aka kawo mini jariri na aske shi, na cire masa hakin wuya. Sai a nuna shi kwance ba lafiya, sai a nuna malamin asibiti cikin farar riga yana girgiza kai, sai a nuna ɗan ƙaramin kabari. Yaron ɗan kukun Bature ne, aska ba ta ko taɓa shi ba, yanzu haka yana can yana bin kaji da gudu. Kuma da zabirar babana na yi, don na ce musu ban iya riƙe ta wani ba. Ina ganin gwaninta ce.

An nuna wasan a kasuwar Kalgo tun kafin in dawo. Kada ki zaci mutanenmu sakarkaru ne. Kowa ya san wasa ne, da bakinsu suke gaya mini, har su ce na iya. Amma in aka zo miƙo jariri sai hannun uwa ya ƙi miƙuwa. Yara na bina suna kirana Mai Tsatsa, manya na tsawata musu suna murmushi. Tun dawowata ban aske kan kowa ba sai nawa da na wani mahaukaci da ke kwana a rumfar mahauta, shi ma don bai je kallon ba.

Gwandu na zaɓa don na bincika na ji ba a taɓa kai shi can ba.

Garba kuwa ba sona yake ba, ba kuma ƙina yake ba. Taro yake so ya yi dariya, da ni yake ciyar da su.

Ki ce wa Basharu ya hana. In dole sai an nuna ni, a kawo na audugar, a can rami kawai na faɗa, ba wanda ya mutu. Ki aiko mini in ji inda aka kwana. In abin ya fi ƙarfinku ki gaya mini, ba zan zo ba, gara in zauna da kunyar da na saba da ita. Na damƙa wa Sambo wannan, na roƙe shi kada ya biya ko'ina.

Kawunki,
Tambari


Gwandu, Nuwamba 1959

Kawu,

Gaisuwa a gaggauce, masinjan su Yaya ne zai bi ta Kalgo a keke, yana tsaye a ƙofa. Asma'u ta sauka lafiya ranar Laraba, namiji, ga gashi cike da kai kamar ya san da zuwanka. Suna Laraba mai zuwa. Baba ya ce ka iso tun Talata. An share ɗakinka, ni na shafe shi da kaina, na sa sabuwar tabarma da turare.

Komai ya daidaita yadda za ka so, kada ka damu da komai, ka taho kawai. In ka ga wata tana leƙenka ba ta yi magana ba, ni ce.

Ɗiyarka,
Tasalla


Kalgo, ƙarshen Nuwamba 1959

Zuwa ga ɗiyata Tasalla.

Bayan gaisuwa, na iso gida lafiya, ƙafa ce kawai ta kumbura. Ina fatan mai jego da jariri suna lafiya. Allah ya raya Umaru.

Da na karanta cewa komai ya daidaita, na ɗauka amsar takardata ce. Ban sani ba ko ta same ki, ba kuma tuhuma nake ba.

Malam ya karɓe ni da mutunci, ki gode masa. Na ga ɗakin, na ga tabarmar. Bayan magariba dattawan unguwa suka ce in taso mu je filin kasuwa, suka sa ni a tsakiyarsu, suka shimfiɗa mini a gaba. Da na hango motar na ce wa kaina wasan zaɓe ne kawai. Aka yi na zaɓen. Sai na ji Garba ya gyara murya ya ce, "Jama'ar Gwandu, yau kun yi sa'a, ga wasa ga mai wasa." Ya haske ni da tocila.

Sauran kin gani. Abin da wataƙila ba ki hango daga wajen mata ba shi ne, tun ana nuna ƙudajen, dattijon da ke kusa da ni ya fara jan rigarsa a hankali don kada ta taɓa tawa. Da aka gama, samari suka ce sai na yi musu gogar aska a wando. Na duba Malam, yana kallon ƙasa. To na tashi na yi. Suka ce faɗuwa, na faɗi. In taro ya kewaye ka yana dariya, ko ka ba shi abin da yake so ko ya ɗauka da kansa, wannan kam na koya a Kaduna.

Duk da haka na ce gari ya waye mu gani, Malam mai ilimi ne. Da asuba na wasa askata, na sa aka ɗumama ruwa, na zauna a zaure. Aka raɗa suna, aka yanka rago, aka raba goro. Kowa ya shigo sai ya gaishe ni da fara'a ya zauna can nesa. Hantsi ya ɗaga sai ga wani matashin wanzami daga Dodoru da jakarsa a hammata, aka wuce da shi ta gabana zuwa cikin gida. Na ji kukan jaririn daga ciki, na san an fara, daga kukan ma na san ruwan ya yi sanyi. Can aka aiko mini da cinyar rago a kwano.

Na ga yarinya a bayan ƙyaure tana leƙena, na ce, "Tasalla ce?" Ta gudu. In ke ce, zanen ya yi miki kyau.

Ban san lokacin da na miƙe ba, sai ganina na yi a bayan gari. Sai da na yi nisa na tuna na bar zabirata ƙarƙashin tabarmar zaure, wajen bango, ƙafata kuma ta ƙi juyawa.

Ita nake roƙo. Garba ya ce ana nemana a Kaduna, akwai sabon wasa, wai kuma a Ibadan an kawo wani akwati da ke nuna majigi har cikin ɗakin mutum, nan gaba ba sai an fita fili ba za a gan ni. Na ce masa na gode. Na yanke shawara in bi gulbi in wuce Kamba, in shiga ƙasar da Faransa ke mulka, inda motarmu ba ta zuwa. Can ma ana haihuwa, ana suna. Da zabirar nan a hannu ba zan rasa kan da zan aske ba, ba ita kuwa ni ba kowa ba ne, don wanzami ba ya fara tara asake da furfura. Ki naɗe ta a tsumma ki ba Sambo, kada ki bari asaken su ji raɓa.

Ki gai da innarki, ki ce mata ƙahon ya sha ruwa.

Kawunki,
Tambari


Gwandu, Disamba 1959

Zuwa ga Kawu Tambari.

Ina gaishe ka, ya ƙafa? Mu nan lafiya. Umaru na ta girma, sai dai wanzamin Dodoru ya ɗan yanke shi bayan kunne, amma ya warke.

Takardarka ta Oktoba sai bayan suna ta zo. Sambo ya biya Jega ya sayar da gishirinsa, daga nan ya wuce garinsu girbi, ta yi ta kwana a cikin mangala. Tana warin jaki na karanta. Amma Kawu, me ya hana ka faɗa tun a ta farko? Ka ce manomi, ka ce maigida, ka ce kowa kai yake tunawa. Ni yarinya ce, abin da aka rubuta mini nake karantawa. Kai ka tafi abinka, ni aka bari da bakin rijiya.

Bari in gaya maka na wajen mata. Ina zaune tsakanin Larai da Gwaggo. A farkon wasan aka nuna malamin asibitin nan yana wanke hannu, dogo, da farar riga, sai na mintsini Larai na ce mata ga shi nan. 'Yan matan duka suka juyo suna kallona, ban taɓa jin daɗi irin na wannan ɗan lokacin ba. Sai aka nuna juji. Sai Garba ya ce ga Mai Tsatsa, ya sake haske ka da tocila don kada wani ya yi kuskure. Larai ta ce, "Au, wannan ne kawun naki?" Na ce mata ba kawuna ba ne sosai, wani ne dai Inna ta sani. Ba ƙarya na yi ba, kai ma ka san dangantakar da nisa. Da ka tashi ka faɗi na yi dariya, don kowa na yi, kuma gaskiya ka iya faɗuwa.

Muna komawa gida Gwaggo ta shiga ɗakin Asma'u ta zayyana mata komai, har kabarin. Asma'u ta ƙanƙame yaron tana kuka. Baba ya shigo ya ce haba, ai wasa ne, mutumin nan baƙonmu ne kuma ɗan'uwa. Gwaggo ta ɗauko jaririn ta miƙa masa ta ce, "Ni ma na san wasa ne, Khalilu. To ungo jikanka, gobe kai da hannunka ka miƙa masa." Baba ya tsaya yana kallon yaron, bai karɓa ba. Da asuba ya aika Dodoru.

Ni ce a bayan ƙyaure. Na daɗe ina kallonka kafin ka ɗago. Na ce wa raina wataƙila wannan ne tsumman, in na duba da kyau zan ga abin da ke ƙarƙashi, kamar yadda yarinyar littafi take gani. Na duba, na duba, Kawu, ban ga komai ba sai kunnuwan da ka ce in ƙara, da ƙuda ɗaya a kafaɗarka. Na san ƙudan kowa ne, ranar suna ce ga nama, amma da ka kira sunana sai na gudu.

Maganar zabira, kada ka wahalar da Sambo. Bayan tafiyarka yara suka gano ta, suka rataye ta a sanda suna zagaya unguwa da ita suna waƙar Mai Tsatsa. Gwaggo ta gane ta da jan tuntun da ke jikinta, ta ce ita ce dai ta cikin majigi. Ta sa aka jefa ta tsohon masai na bayan gida aka zuba ƙasa, don ta ce haka Garba ya ce a yi da irin waɗannan asake a ƙarshen wasan. Ina tsaye. Na so in yi magana, ka dai san ni. Inna ta shiga madafa ta daɗe ba ta fito ba, ta ce hayaƙi ne. Ɗakinka an mai da sirdin.

Yaya Basharu ya ce yanzu ba makawa Kaduna za ka koma, tun da ba ka da wata sana'a, kuma ya ce hakan ya fi, ai can ana son ka. Ni ma na ga haka. Shi ya sa nake da ɗan roƙo, in ba za ka ga rashin kunyata ba.

Mai farar rigar nan. Tun ranar shi nake sawa a wurin ɗan sarki in ina karatu, ya kuwa zauna daidai, ba sai na rage ko na ƙara ba. In ka isa ka tambayo mini sunansa, da garinsu, da ko yana da mata. In akwai hotonsa da ba a so, ko ƙarami ne, ka sa a takarda ka ba wanda zai kawo da wuri, kada ka ba Sambo. Don Allah kada ka ce ni na tambaya. In kuma ya matsa sai ya ji, ka ce wata ce daga Gwandu, ba sai ka ce 'yar'uwarka ba.

Tasalla